Bashin Gina Gida: Yadda Shekaru Ke Ninka Kuɗin Ruwa

Ma'aikacin da ya shiga banki a Damagaram neman bashin gina gida, tambayarsa ta farko kusan kullum ɗaya ce: nawa za a riƙa cire mini a wata? Tambaya ce mai ma'ana, domin da abin da ya rage na albashi ake sayen hatsi, a biya ruwa da wuta, a kai yara makaranta. Sai dai amsarta ba ta nuna tsadar bashin. Ana iya samun bashi biyu da abin da ake cirewa duk wata ya yi kusan daidai, amma ɗaya ya ci wa mai shi ƙasa da miliyan 1 na kuɗin ruwa, ɗayan kuma ya ci fiye da miliyan 11. Abin da ya raba su shi ne yawan kuɗin da aka ɗauka da yawan shekarun da aka riƙe su, kuma shekarun nan su ne mutane suka fi yi wa kallon abin banza.

Kuɗin ruwa haya ce da ake biya a kan kuɗin wani, kuma kamar hayar gida, kowane wata da ya wuce kuɗin suna hannunka sai ka biya nasa. A kowane ƙarshen wata banki yana duba abin da ya rage na uwar kuɗin, ya lissafa ruwan watan a kansa, ya fara cire wannan daga abin da aka biya shi, sannan abin da ya saura shi ne yake rage bashin. Mu ɗauki misali don lissafi kawai: mutum ya karɓi sefa miliyan 10 a kan ruwa kashi 9 cikin 100 a shekara, zai biya cikin shekara 20. Idan aka raba kashi 9 gida 12, ruwan kowane wata zai zama kashi 0.75 cikin 100 na abin da ake bin sa. Abin da za a riƙa cirewa duk wata, wanda ba ya canzawa daga farko har ƙarshe, shi ne sefa 89,973, wato kusan jika 90. A watan farko, jika 75 daga ciki ruwa ne tsantsa, sefa 14,973 kaɗai suka taɓa uwar kuɗin. A wata na biyu bashin ya ɗan ragu zuwa 9,985,027, saboda haka ruwan ya sauka zuwa 74,888, abin da ke shiga uwar kuɗin kuma ya hau zuwa 15,085. Haka abin zai riƙa tafiya, ruwa na raguwa da ƴan ɗaruruwan sefa, biyan uwar kuɗi na ƙaruwa da daidai wannan, har wata 240.

Wannan tafiyar tana da nawa ƙwarai a farkonta. Bayan shekara 5, mai bashin ya zuba wa banki kusan miliyan 5.4, amma har yanzu ana bin sa kimanin miliyan 8.87, domin fiye da miliyan 4.2 na abin da ya biya sun tafi a ruwa. Bayan shekara 10 ya biya kusan miliyan 10.8, abin da ya zarce duk kuɗin da aka ba shi tun farko, duk da haka saura miliyan 7.1 a kansa. Sai a cikin shekara ta 13 ne abin da ke shiga uwar kuɗi a wata yake fara rinjayar abin da ke tafiya a ruwa, kuma sai ya cika shekara 14 yana biya kafin bashin ya sauko rabi. Sauran rabin yana ƙarewa cikin shekara 6 na ƙarshe. Ranar da ya gama, jimillar abin da ya fita daga albashinsa ta kai kusan miliyan 21.6: gidan da ya gina da miliyan 10 ya biya shi sau biyu da ɗoriya.

Mutane da yawa idan suka ga takardar da ke nuna ragowar bashinsu bayan shekara huɗu ko biyar, sai su ce an cuce su. A mafi yawan lokuta babu ha'inci a cikin lissafin, haka tsarin yake a Faransa da Amurka da ko'ina ake ba da irin wannan bashi, tun da ruwan yana bin yawan abin da ake bin mutum ne, kuma a farko ne bashin ya fi yawa. Amma fahimtar hakan tana da amfani ga wata al'ada da ta yaɗu tsakanin ma'aikata, ta sabunta bashi. Mutum ya biya shekara uku ko huɗu, wata buƙata ta taso, sai ya koma banki a ba shi sabon bashi wanda za a goge tsohon da shi, a miƙa masa ƴan canjin da suka rage, a sake ƙirga shekaru daga farko. Wanda ya yi haka ya bar tsohon bashin daidai lokacin da biyan nasa ya fara cizon uwar kuɗi, ya koma matakin da kusan duk abin da ake cirewa ruwa ne, ga kuma sabon kuɗin buɗe takardu. Wanda ya maimaita wannan sau biyu ko uku zai iya kai wa ritaya yana biya, bashin kuma bai gusa sosai daga inda yake ba.

Idan aka bar miliyan 10 ɗin nan da ruwan kashi 9 yadda suke, aka canza shekaru kaɗai, nan ne ake ganin inda tsadar take. A shekara 10 za a riƙa cire 126,676 a wata, jimillar ruwan kuma miliyan 5.2. A shekara 15 abin cirewa ya sauko zuwa 101,427, ruwan ya hau kusan miliyan 8.3. A shekara 20 mun riga mun gani: 89,973 a wata, ruwa kusan miliyan 11.6. A shekara 25 kuwa, 83,920 a wata, ruwa kusan miliyan 15.2. A lura da yadda sauƙin yake ƙanƙancewa yayin da tsadar ke ci gaba da hawa. Ƙarin shekara 5 na farko, daga 10 zuwa 15, ya rage wa mutum jika 25 a wata. Na biyu ya rage masa jika 11 da rabi. Na uku kimanin jika 6 kacal ya rage masa, alhali ya ɗora masa ƙarin ruwa na fiye da miliyan 3 da rabi. Ko da za a miƙa bashin har shekara 50, abin cirewa ba zai taɓa sauka ƙasa da jika 75 ba, domin wannan shi ne ruwan wata ɗaya a kan miliyan 10, kuma dole a biya shi kafin a taɓa uwar kuɗin.

Ba wauta ce ke sa mutane zaɓen dogon wa'adi ba. Bankuna sun saba ƙayyade abin da za a cire kada ya wuce kusan kashi ɗaya cikin uku na albashi, kuma suna sharɗanta cewa albashin ya riƙa shiga ta asusunsu. A kan wannan ma'auni, biyan jika 90 a wata yana buƙatar albashin kusan jika 270, biyan jika 127 kuma yana buƙatar kusan jika 380. Malamin makaranta ko ma'aikacin asibitin da albashinsa bai kai haka ba, ba shi da ƙofar shiga sai ta dogon wa'adi ko ta rage yawan abin da yake nema. A ganina ta biyun ta fi, kuma zan dawo kanta. Abin da bai kamata ba shi ne mai halin biya cikin shekara 12 ya zaɓi 20 don kawai a bar masa sarari a aljihu, domin wannan sararin sayensa yake yi, da tsada kuma. A ɗaya gefen, wanda ya matse kansa da gajeren wa'adi har ya zama rashin lafiya ɗaya ko jinkirin albashi na wata biyu zai jefa shi hannun masu ba da rance a unguwa, shi ma bai yi dabara ba. Wa'adin da ya dace shi ne mafi gajarta da gidan mutum zai iya ɗauka har a shekarar da hatsi ya yi tsada, ba a shekarar da komai ya tafi daidai kaɗai ba.

Yawan ruwan kansa shi ne abu na biyu, kuma bambancin da ake rainawa a cikinsa yana da nauyi. A kan miliyan 10 na shekara 20, ruwan kashi 8 zai ci kusan miliyan 10.1, kashi 9 kusan miliyan 11.6, kashi 10 kusan miliyan 13.2. Kowane kashi ɗaya yana daidai da kimanin miliyan ɗaya da rabi, kuɗin da za su iya rufa ɗakuna da kwano. Saboda haka zagaya bankuna biyu ko uku kafin sa hannu, ko shiga ta yarjejeniyar da wata ma'aikata ko ƙungiyar ƙwadago ta ƙulla da banki domin ma'aikatanta, ba ɓata lokaci ba ne. Nijar tana cikin ƙasashe 8 na ƙungiyar UEMOA da babban bankin BCEAO mai hedikwata a Dakar ke kula da kuɗinsu, kuma a wannan yanki akwai iyakar ruwan da doka ta hana a wuce. Daga 1 ga Janairu 2014 an sauko da ita daga kashi 18 zuwa 15 ga bankuna, daga kashi 27 zuwa 24 ga ƙananan cibiyoyin ajiya da lamuni. Wannan iyaka kariya ce daga zalunci, amma ba ta nufin duk abin da ke ƙasa da ita mai sauƙi ne, kuma tazarar da ke tsakanin lambobin biyu ta isa ta nuna cewa bashin ƙananan cibiyoyi, wanda aka tsara don jarin ƴan watanni, bai dace da gini na shekaru ba.

Iyakar nan ba a kan ruwan da aka rubuta a talla ake auna ta ba, a kan cikakken ruwan ne, wanda takardun banki ke rubutawa da haruffan TEG, wato ruwan da aka haɗa da sauran kuɗaɗen da bashin ya wajabta. Akwai kuɗin buɗe takardu da ake cirewa tun kafin kuɗin su iso hannun mutum, akwai inshorar rai wadda za ta biya banki idan mai bashin ya rasu ko ya naƙasa, akwai ladan notar, wato jami'in da ke tabbatar da takardun yarjejeniya, da kuɗin rajistar jingina. Inshorar ta cancanci a tsaya a kanta, domin hanya biyu ake lissafa ta. Wani lokaci a kan ragowar bashin ake ɗora ta, ta riƙa raguwa tare da shi, wani lokaci kuma a kan adadin farko, ta tsaya yadda take har ƙarshe. Idan misali rabin kashi ɗaya cikin 100 ne a shekara a kan adadin farko, to jika 50 ne duk shekara, miliyan 1 cif a shekara 20, ko da a shekarun ƙarshe bashin bai kai rubu'in yadda yake ba. Duk da haka ba abin gudu ba ce, tun da ita ce ke hana banki ya waiwayi gidan da marayu ke ciki. Abin dubawa shi ne sharuɗɗanta, musamman cututtukan da ta ware da shekarun da take daina aiki.

Akwai kuma wata hanyar lissafi da ke ruɗar mutane, wadda aka fi samu wajen masu sayar da kaya bashi da wasu masu ba da rance. A nan ana lissafa ruwan a kan dukan kuɗin farko, a ninka da yawan shekaru, a haɗa da uwar kuɗin, a raba wata-wata, kamar mutum bai taɓa biyan komai ba har ranar ƙarshe. Miliyan 10 a kan kashi 9 na shekara 10 ta wannan hanya zai ci ruwan miliyan 9, maimakon miliyan 5.2 da muka samu ɗazu, alhali duka biyun kashi 9 ake kiransu. A bashin shekara ɗaya da ake biya wata-wata, kashi 10 na irin wannan lissafi yana daidai da kusan kashi 18 na lissafin da ke bin ragowar bashi. Hanya mafi sauƙi ta gane wanne ake magana a kai ita ce a nemi jadawalin biyan bashin tun kafin sa hannu, wato takardar da ke jera kowane wata da abin da zai tafi a ruwa, da abin da zai shiga uwar kuɗi, da abin da zai rage. Idan layin ruwan yana raguwa wata bayan wata, lissafin na ragowar bashi ne. Idan adadi ɗaya ne daga sama har ƙasa, to ruwan gaskiya ya kusa ninka wanda aka faɗa.

Masu gini sukan yi murna idan banki ya ce ba za a fara cirewa ba sai bayan wata shida ko shekara, don su samu su kammala aiki su bar gidan haya. Sassauci ne na gaske, amma ruwan ba ya tsayawa a waɗannan watanni. A misalinmu jika 75 ne duk wata, jika 450 a wata shida, kuma ko dai a biya su a lokacin, ko a ɗora su a kan uwar kuɗin su ma su fara haifar nasu ruwan.

Bashin da aka jinginar da gida a kansa bai yawaita a Damagaram ba, kuma dalilin farko na takardu ne. Dokar OHADA, ƙungiyar da ke daidaita dokokin kasuwanci na ƙasashen Afirka da dama, kan jingina da sauran tabbacin bashi, wadda aka sabunta a Lome a watan Disamba 2010 kuma Nijar ke aiki da ita, ta tanadi cewa fili ko gidan da aka yi wa rajista a kundin filaye ne ake jinginarwa. Yawancin masu filaye a sababbin unguwanni takardar sayarwa ta ma'aikatar magajin gari ce a hannunsu, a tsofaffin unguwanni irin su Birni da Zango kuwa gidaje da yawa na gado ne da ba a raba ba, shaidarsu ita ce sanin mai unguwa da maƙwabta. Mai da irin wannan shaida ta zama cikakkiyar takardar mallaka, wadda ake kira titir fonsiye, yana cin kuɗin awo da na rajista da lokaci mai tsawo, kuma duk wannan yana cikin tsadar bashin ko da bai bayyana a jadawali ba. Dalili na biyu yana wajen bankunan ne. Kuɗin da ke hannunsu galibi ajiyar mutane ce da za a iya zuwa a cire gobe, don haka ba su son ɗaure su shekara 20. Domin warware wannan ne aka kafa asusun CRRH-UEMOA mai hedikwata a Lome a 2010, wanda ke samo kuɗi na dogon zango daga kasuwar hannun jari ya ba bankuna su ba da bashin gidaje, ita ma gwamnatin Nijar ta kafa bankin gidaje na BHN. Duk da haka, abin da ƙaramin ma'aikaci ya fi samu cikin sauƙi shi ne bashin ƴan shekaru wanda albashinsa ne jinginarsa, ɗan kasuwar Dole kuwa da ba ya da takardar albashi, ko wannan yakan yi masa wuya.

Lissafin da ke sa bashi tsada a farko shi ne kuma ke sa biyan gaggawa a farko ya yi amfani. Idan mai bashin miliyan 10 na shekara 20 ya ƙara jika 10 kacal a kan abin da yake biya duk wata, zai gama cikin kusan shekara 15 da rabi, ya tsira da kimanin miliyan 3 na ruwa. Idan kuma wata dama ta zo masa, ta gado ko ta sayar da dabbobi, ya zuba miliyan 1 a uwar kuɗin a ƙarshen shekara ta 2 sannan ya ci gaba da biya kamar da, bashin zai ƙare kusan shekara 4 kafin lokaci, ruwan da ya kauce wa kuma ya kai kimanin miliyan 3.2. Wannan miliyan ɗin dai, da zai jira sai ƙarshen shekara ta 15 ya zuba shi, abin da zai rage masa na ruwa bai kai rabin miliyan ba. Amma sai an duba abu biyu a yarjejeniyar. Na farko, ko an yarda a biya wani ɓangare kafin lokaci, kuma nawa ne tarar yin hakan, domin bankuna da yawa suna caji. Na biyu, idan an zuba kuɗin, wa'adi za a rage ko abin cirewa na wata, tun da rage wa'adi shi ne ke kawo babbar ribar, rage abin cirewa kuwa sauƙin yau yake kawowa.

Ba adalci ba ne a tsaya a jimillar miliyan 21.6 a ce bashin hasara ne zalla. Wanda bai ɗauki bashi ba yana zaune a wani wuri, kuma idan haya yake biya, misali jika 40 a wata, cikin shekara 20 ya ba mai gida miliyan 9.6 ko da ba a taɓa ƙara masa ko dala ba, kuma a ƙarshe ba shi da bulo ɗaya. Idan aka cire wannan daga ruwan miliyan 11.6, ainihin abin da mai bashin ya yi asara ya ragu sosai. Sannan jika 90 na bana ba su ne jika 90 na shekara 20 masu zuwa ba. Idan farashin kaya yana hawa da kashi 3 a shekara, cikin shekara 20 zai ninka kusan sau 1.8, don haka biyan shekarun ƙarshe ya fi na farko sauƙi, muddin albashi yana bin farashi, abin da ba kullum yake faruwa ba.

A nan ne bai kamata mutumin Damagaram ya ari lissafin ɗan'uwansa na Kano ba, duk da kusancin da ke tsakani. A Najeriya hauhawar farashi ta haura kashi 30 a 2024, saboda haka wanda ya samu bashin asusun gidaje na ƙasa da aka kafa a 1992, mai ruwan kashi 6 da wa'adin da kan kai shekara 30, faɗuwar darajar naira tana cinye masa bashin da kanta. Sefa kuwa a ɗaure take da yuro a kan 655.957 tun 1999, kuma burin BCEAO shi ne hauhawar farashi ta tsaya tsakanin kashi 1 da 3. Ma'ana ruwan kashi 9 a sefa ruwa ne mai nauyi na gaske, babu wata hauhawa da za ta zo ta share shi. An taɓa karya darajar sefa da rabi a watan Janairu 1994, amma babu mai hankalin da zai ɗauki bashi yana jiran a maimaita, tun da abin da zai sauƙaƙa masa a banki zai ƙwace shi a kasuwa. Wajibi ne kuma a tabbatar ruwan tsayayye ne har ƙarshen wa'adi, ba mai canzawa ba. Rikicin gidaje na Amurka da ya girgiza duniya a 2008 ya samo wani ɓangare na asalinsa daga bashin da aka ba masu ƙaramin ƙarfi da ruwa mai sauƙi a shekarun farko, wanda daga baya ya tashi ya fi ƙarfinsu.

Ga mafi yawan mutanen Damagaram, akwai tambayar da ta riga duk wannan lissafi, ita ce ta halacci. Aya ta 275 ta Suratul Baƙara ta halatta ciniki ta haramta riba, kuma jumhurin malamai suna sanya kuɗin ruwan banki a cikin riba, shi ya sa mutane da yawa suka gwammace su shekara goma suna gini da su sa hannu a takardar banki. Akwai Bankin Musulunci na Nijar, kuma a 2018 BCEAO ta fitar da ƙa'idojin harkar kuɗi ta Musulunci a yankin. A tsarin murabaha banki ne ke sayen gidan ko kayan ginin, ya sayar wa mutum da farashin da aka yanke tun farko, a biya kaɗan-kaɗan. A tsarin ijara banki ya mallaki gidan ya ba da shi haya har mallakar ta koma hannun mai zama. Hukuncin waɗannan na malamai ne, amma ta fuskar aljihu lokaci yana da farashi a cikinsu ma: ribar da banki zai ɗora a kan murabahar shekara 15 ta fi ta shekara 7, kuma jimillar na iya kusantar ta bankin da ke karɓar ruwa. Fa'idarta a bayyane take, cewa farashin ba ya ƙaruwa bayan an yanke shi. Sai dai saboda farashin a yanke yake, wanda ya biya da wuri ba lallai ne a rage masa ba, rangwamen yana hannun banki, don haka ya kamata a san matsayinsa tun kafin a ƙulla ciniki.

Hanyar da aka sani a garin nan ita ce a sayi fili, a kewaye shi, a buga bulo idan an kwashi adashe, a tada ɗaki biyu, a shiga, sauran a bar wa gaba. Ba ta da ruwa, amma ita ma ba kyauta ba ce. Farashin siminti da ƙarfe ba ya jiran mai gini, ruwan gini kansa saye ake yi a garin da ya daɗe yana fama da ƙarancinsa, bangon da ya sha damina uku ba rufi yakan buƙaci gyara, kuma duk tsawon lokacin ana biyan haya a wani wuri. Shi ya sa nake ganin inda bashi ya fi amfani shi ne a ƙarshen aiki. Mutumin da ya kai gininsa linta da guminsa, idan ya karɓi miliyan 4 a kan kashi 9 na shekara 5 don rufi da ƙofofi da daɓe da jawo wuta, za a riƙa cire masa kusan jika 83 a wata, abin da bai yi nisa da jika 90 na misalinmu ba, amma jimillar ruwansa ba ta kai miliyan 1 ba, kuma daga watan da ya tare hayar da yake biya ta koma taimaka masa. Gidan ba zai kai girman wanda aka zana a takarda ba, amma ɗakunan da suka rage za a iya ƙara su da albashin da ya dawo cikakke bayan shekara 5.

Wanda ya jinginar da gidansa kuma biya ya gagara, banki ba ya zuwa ya ƙwace gidan zama da hannunsa. Ƙarƙashin dokokin OHADA sai an bi ta kotu, a sanar da mai bashi, a sa gidan a gwanjo, a biya banki daga kuɗin, abin da ya saura a ba mai shi. Amma kafin a kai nan tarar jinkiri da kuɗin shari'a sun hau kan bashin, gwanjo kuma ba kasafai yake kawo farashin kasuwa ba, kuma idan kuɗin ba su isa ba ana ci gaba da bin mutum ragowar. Zuwa banki tun a watan farko da aka hango matsala, a nemi sake tsara biyan, ya fi arha ko da zai ƙara ruwa. Wanda kuma Allah ya nufa ya kai wata na ƙarshe, da sauran aiki ɗaya a gabansa: jinginar da aka rubuta a kundin filaye ba ta gogewa don an gama biya, sai ya karɓi takardar sakin jingina daga banki, ya kai a soke rajistar, ya karɓo asalin takardar gidansa. Idan bai yi ba, ranar da ya tashi sayarwa, ko ranar da magada suka zo rabo, za a tarar da sunan banki a kan gidan da aka gama biya da daɗewa.